Kwamared ya tafi majalisa

Tun da litar fetur ta haura naira 1,000, yaran unguwarmu suka sami abin yi a waya: wai ina Oshiomhole yake? Yana Abuja mana, sanatan Edo ta Arewa tun 2023, da kakinsa. Galibin masu tambayar ba a haife su ba lokacin da yake shiga ƙofar Arewa Textiles a Kaduna kamar kowane ma'aikacin masaƙa.

Mu da muka ci zamanin masaƙun Kakuri mun san tashinsa. A 1982 ya zama babban sakataren ƙungiyar ma'aikatan masaƙu, a 1999 ya hau shugabancin ƙungiyar ƙwadago ta NLC. Shekara guda bayan haka Obasanjo ya ɗaga lita daga naira 20 zuwa 30, aka tsunduma yajin aiki, gwamnati ta dawo 22. Yara suna jin wannan su ce ai jarumtar mutum ɗaya ce. Ina! Bakinsa yana da kaifi, ba musu, amma abin da gwamnati ta ji tsoro mu ne. Idan jiniya ta yi kuka a Kakuri, kekuna ne ke toshe titi, har mai mota ya haƙura ya tsaya. Kowane mai keke kuwa ana cire masa kuɗin ƙungiya a albashi. Da wannan ake zama teburin sulhu.

Sai masaƙu suka fara mutuwa. Masaƙar KTL da Sardauna ya ga buɗewarta a 1957 ta rufe a 2002, sauran suka bi sahu. Ga rashin wuta, ga tsadar baƙin mai, ga atamfar sumoga ta cika kasuwa. Muna ta tafi domin namu ya zama gwamnan Edo a 2008, alhali ƙofofin da suka haife shi suna tsatsa. Akwai wani abokin aikina, gwanin gyaran injin saƙa, turawan kamfani ma shi suke kira idan abu ya gagara. Faci ya koma yi a bakin titi, yana jiran kuɗin sallama har ya koma ga Allah. Matarsa tana ajiye da takardun a leda.

Ban ce kada ɗan ƙwadago ya shiga siyasa ba. Malam Aminu Kano da ƙungiyar malaman makaranta ya faro, ya shiga majalisar wakilai a 1959, bai kuwa canza ba. A shiga, ku ma ku shiga. Kodayake da ɗana ne zai tambaye ni, cewa zan yi ya zauna a ƙungiya. Wanda ƙungiya ta zaɓa, ma'aikata ne ke iya sauke shi. Wanda jam'iyya ta ba tikiti, jam'iyya yake saurare. Jam'iyyar da kwamared ya shugabanta daga 2018 zuwa 2020 ita ce ta janye tallafin mai a 2023. To ya tashi a zauren majalisa ya kira yajin aiki, wa zai fito? Masu kekunan nan sun watse, wasu acaɓa, wasu gona, wasu kabari.

Ku kuma masu zagi, an yanka muku mafi ƙarancin albashi naira 70,000 a 2024, kuɗin da ya kasa sayen mai lita 70 da lita ta haura naira 1,000. Na tambayi wani jikana da ke aiki a kamfanin ruwan leda ko suna da ƙungiya. Dariya ya yi, ya ce suna da zauren WhatsApp, manaja ma yana ciki.