Jin Hausa Daban, Jin Juna Daban

A kudancin Kaduna babu wanda zai ce rashin harshen magana ne ya hana shi fahimtar maƙwabcinsa. Daga Madakiya, inda aka yanke mini cibiya, in ka nufi Kafanchan ko Zonkwa ko Kagoro, za ka haɗu da Bajju da Atyap da Fantswam da Kaninkon da Hausawa da Fulani, kowa da harshen da ya sha a nono. Amma da an shiga mota ko kasuwa, Hausa ake yi. Da ita ake cinikin citta, da ita ake wa'azi a masallaci, da ita muke waƙa a coci, musamman tun da aka buga Littafi Mai Tsarki na Hausa a 1932. Duk da haka mun binne mutane masu yawa saboda rashin jituwa. Da Hausar muka yi zumunci, da ita kuma muka zagi juna.

Ni Bajju ne, Kirista, tsohon ma'aikacin jirgin ƙasa. Kafanchan kuwa jirgi ne ya raine ta. A 1927 ta zama mahaɗar layin dogo na Fatakwal da na Kaduna da na Jos, a 1933 kuma Sarkin Jama'a ya dawo da fadarsa nan. Sai garin ya cika da Ibo da Yarbawa da Tibi da Nufawa. A wurin aiki ranka yana hannun wanda bai san sunan kakanka ba. In mai juya layi ya yi sakaci, direba da mai zuba gawayi da fasinjoji duk sun shiga uku, kuma babu mai tambayar addinin wanda ya ɗaga tuta. Wannan dole ita ta sa muka san juna. Da azumi mukan karɓi aikin yamma don abokanmu Musulmi su sha ruwa a gida, su kuma su tsaya mana ranar Kirsimeti. In za a yi biki a gidanmu, sai a aika a kira Malam ya yanka akuya, don kada baƙo ya zo ya zauna yana kallon abinci. Tukunyar burkutu kuwa a bayan gida take zama har sai ya tafi. Ba wanda ya rubuta mana waɗannan dokoki. Kowa ya san abin da ɗan'uwansa ba ya so, ya kauce masa.

Haka muke da Fulanin da ke zaune a gefen gonakinmu. Bayan girbi sai a bar shanu su ci kara, su bar mana taki. Matansu su kawo nono, su koma da acca ko dawa. Shanu sukan yi ɓarna, ba a taɓa rasa wannan ba. Amma washegari da sassafe za ka ga Arɗo da mai unguwa tsaye a bakin gona. Arɗo ya ce, “Baba, ɓarna dai an yi, a faɗi abin da za a biya.” A yi ja-in-ja, a daidaita, kowa ya kama gabansa. Maganar ba ta kwana biyu, shi ya sa ba ta yin tsami.

Kada wani yaro ya ji wannan ya ɗauka zamaninmu aljanna ne. A 1966 na ga gidajen Ibo a Kafanchan sun zama kango cikin 'yan kwanaki. Kuma ƙarƙashin gaisuwar da muke yi akwai labarai da kowa yake ba 'ya'yansa bayan an rufe ƙofa. Mu a gidajenmu ana ba mu labarin hare-haren kama bayi, da harajin da ake kai wa Zazzau, da yadda Turawa suka ɗora mana hakimai daga Zariya ba tare da an tambaye mu ba. Bahaushen Zangon Kataf ko na Jama'a yana gaya wa ɗansa cewa kaburburan kakanninsa suna nan tun zamanin fatake, amma har yau ana kiransa baƙo. Bafulatani yana nuna wa nasa burtalin da aka nome da mashayar da aka toshe. Kowane labari a cikin ukun nan yana da gaskiya a ciki. Abin da ya cuce mu shi ne ba mu taɓa zama mun faɗe su a gaban juna ba. Mun ɗauki kunya da kawaici a matsayin zaman lafiya, alhali miki ne aka rufe da tsumma ba a wanke ba.

Ranar 6 ga Maris 1987 rikici ya tashi a Kwalejin Ilimi ta Kafanchan a kan wani wa'azi da aka yi wa ɗalibai. Kafin mako ya zagayo wuta ta kai Kaduna da Zariya da Funtuwa da Katsina. A 1992, a watan Fabrairu da kuma Mayu, Zangon Kataf ta kama a kan sauya wa kasuwa wuri. A Mayun 1999 Kafanchan ta sake rikicewa a kan ba Sarkin Jama'a sanda. Sai Afrilun 2011, bayan zaɓen shugaban ƙasa, lokacin da aka kashe mutum sama da 800 a jihohin Arewa cikin kwana uku. Zonkwa da Kafanchan da Matsirga, wadda ke nan kusa da mu, suna cikin wuraren da abin ya fi muni, kuma kasuwar Kafanchan ta ƙone.

Abu biyu na lura da su a duk waɗannan. Na farko, mafarin yakan zama ƙarami, jita-jita ce ke ba shi ƙafa. “An ce suna zuwa.” “An ce an gama da namu a can.” Wanda ya kawo maganar bai gani da idonsa ba, wanda ya ɗauki adda bai tambaya ba. Na biyu, ba wa'azi ko rumfar kasuwa kaɗai ake faɗa a kai ba. Ana faɗa ne a kan wa ke da ƙasa, wa ke da sarauta, wa ake jin maganarsa. Shi ya sa lokacin da gwamnatin Kanar Lawal Ja'afaru Isa ta ba Bajju da Atyap masarautunsu a 1995, har Malam Nuhu Bature ya zama Agwam Bajju na farko, zukata da yawa sun yi sanyi. Mutumin da yake ganin an danne masa haƙƙi, ko ka gaishe shi sau goma a rana, ba zai ji ka ba. Wannan ma'auni kuma bai tsaya a kan ƙabila ɗaya ba. Mu da muka yi kukan an mulke mu ba da yardarmu ba, bai kamata mu zama masu ce wa wanda aka haifa a Zonkwa ya koma inda bai taɓa gani ba.

Asarar da ta fi damuna bayan 2011 ba ta gine-gine ba ce. Mutane sun ware. Musulmi sun koma unguwanninsu, Kirista sun koma nasu, wasu garuruwan ma ɓangare ɗaya ne kawai ya rage a ciki. Jirgin da ya haɗa mu aiki ya daina zuwa kamar dā. Yanzu akwai saurayi mai gemu a Madakiya da bai taɓa cin tuwon sallah ba, akwai tsaransa a Kafanchan da bai taɓa taka gidan Bajju ba. Abin da suka sani game da juna daga Facebook da WhatsApp suka samo shi. A dā jita-jita sai ta jira mota, yanzu tana cikin aljihun kowa.

An yi ƙoƙari, kuma ba na raina shi. Fasto James Wuye ya rasa hannu a rikicin 1992, Imam Muhammad Ashafa ya rasa malaminsa da 'yan'uwansa. Sun haɗu a 1995 suka kama aikin sulhu tare, har shugabannin addinan biyu suka sa hannu a yarjejeniyar zaman lafiya ta Kaduna a watan Agustan 2002. Ranar 23 ga Maris 2016 kuma al'ummu 29 daga ƙananan hukumomin Jama'a da Kaura da Kachia da Sanga da Zangon Kataf suka sa hannu a yarjejeniyar Kafanchan, bayan zaman da 'yar ƙasar Kenya, Alice Nderitu, ta jagoranta. Abin da ya fi daraja a wannan zama shi ne kowane ɓangare ya faɗi kukansa a gaban sauran, abin da iyayenmu ba su yi ba. Amma kafin shekarar ta ƙare an sake zubar da jini a Godogodo da Goska. Takarda tana ɗaure wanda ya zauna a ɗakin taro. Yaron da ke bin shanu a daji da wanda ke gadin gonar ubansa ba su san an sa musu hannu ba, sai in wani ya taka ya je ya gaya musu.

To, 'ya'yana, ga abin da zan bar muku, ba shi da yawa.

Ku saurari labarin maƙwabci har ƙarshe, ko da kakanku ne mugun cikin labarin. Sauraro ba amincewa ba ne, amma wanda aka saurara yakan iya sauraro.

Ku daina kiran mutum da sunan da ba ya so. Wanda ya ce maka arne da wanda ya ce wa maƙwabcinka baƙo, duk ƙofa ɗaya suka rufe.

Ga 'yan'uwana Hausawa da Fulani, wannan taku ce. Mun koyi harshenku har muna addu'a da shi. Ku ma ku koyi ko da gaisuwar safe ce da Jju, harshen Bajju, ko Tyap, harshen Atyap. Na san wani mahauci da ya iya, har ya mutu tsofaffin matan garinmu ba sa sayen nama wurin kowa sai shi.

Kowannenku ya riƙe lambar wayar mutum ɗaya na wancan ɓangaren, wanda zai iya kira da tsakar dare ya ce, “Malam, me ke faruwa a wajenku?” ya kuma yarda da amsar. Irin wannan amana ba a ƙulla ta ranar da gari ya rikice. Ana ƙulla ta ne a ranakun da babu komai, wajen suna da aure, da dubiya, da bashin da aka biya kan lokaci. Zumunta a ƙafa take.

Ba na sa ran zan ga ranar da za a gama shari'ar wanda ya fara. Kakanninmu ba su gama ta ba, jikokinku ma ba lalle su gama ba. Amma zaman makoki kwana uku ne. In an yi rasuwa a gidan maƙwabcinka, kada ka jira a tantance tarihi. Ɗauki hularka ka je ka yi gaisuwa kafin a naɗe tabarmi.