Jikana Ya Ce "Hajiya Ya Zo"

'Yan'uwa mutanen zango, ran Juma'a ina zaune a zaure nan Kumasi, sai jikana ya shigo ya ce, "Kaka, Hajiya ya zo." Na daka masa tsawa, na ce mace ai "ta zo" a ke cewa. Da dare barci ya ƙi zuwa, gama na tuna mahaifiyata, mutuniyar Salaga, haka ta ke faɗi har Allah ya karɓi abinsa. Ashe yaro gadonsa ya ci na tsawata masa.

Ni dai fataucin shanu na yi, na kuwa san in ka dubi ƙahon maraƙi da tozonsa za ka gane garken da ya fito. To, masana sun ce harsuna ma haka su ke. Tun 1859 wani Bature, Darwin, ya kwatanta salsalar harsuna da ta 'yan Adam. A 1963 kuma Greenberg, mutumin Amurka, ya sa Hausa ɗaki guda da Bolanci da Margi, watau dangin Cadi, ya ce su da Larabci da harshen Buzaye kakansu ɗaya. Ku dubi "mutu" da "maut", ko "ta" ɗin nan ta mace, wadda Larabawa ma su ke da ita. Waɗannan gado ne. Amma "littafi" da "alƙali" aro ne, kamar baƙon bijimi da ya shigo garke ya bar iri.

Masu binciken jini kuwa a 2010 suka ba da labarin wata alama da ɗa ke gada daga uba, wadda ta yi yawa ƙwarai cikin masu harsunan Cadi na arewacin Kamaru.

Sai dai a nan na ga misalin ya yi ɗingishi. Jini daga iyaye kaɗai a ke samunsa, harshe kuwa har a bakin kasuwa. Da yaƙin Salaga na 1892 ya watsa fatake, Mosi da Dagomba da Zabarmawa da Kotokoli suka ci gaba da cuɗanya da mu a zanguna, jikokinsu yau Hausa su ke yi, alhali ba su da kaka a Kano. Galibin harsunansu ba su raba "ya" da "ta", shi ya sa tamu ta sulale.

Da gari ya waye na kira yaron, na ba shi kuɗin koko. Na ce ya maimaita "ta zo" sau uku, ya maimaita, sa'an nan ya ruga cikin gida yana cewa Hajiya ya dafa shayi.