Kada Mu Yar Da Irin Dabbobinmu Na Gado

Jama'a, akwai wata asara da take cinmu a ɓoye, watau ɓacewar irin dabbobin da muka gada kaka da kakanni. Ni mazaunin Minna ne, kuma shekara da shekaru ina lura da kajin da ake kawowa kasuwa daga Paiko da Gwada da Kuta. A dā mutum yakan ga fingi, ya ga durgu mai gajerun ƙafafu, ya ga mai wuya babu gashi. Yau kuwa kajin gidan gona da ruwa-biyunsu sun cika kejuna, sai an tona kafin a sami kazar gida tsantsa.

Ba na ƙin kazar gidan gona, gama tana da saurin girma da yawan ƙwai. Amma fa yawancinta ba ta kwanci, sai an sayo 'yan tsaki daga injin ƙyanƙyasa, a saya musu abinci da magani. Ran da masara ta yi tsada, sai mai kiwo ya rufe keji. Kazar gida ita ce ke tonon abincinta, ta yi kwanci, ta raini 'ya'yanta, har matar ƙauye ta sayar da biyu ta kai yaro asibiti. Ai guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni.

Haka zancen yake ga manyan dabbobi. A ƙasa mai tsando, irin bakin kogin Neja da na Kaduna, sammore yakan kassara shanu, amma muturu, ɗan ƙaramin san nan marar tozo, yana jure cutar. Duk da haka an raina shi don ƙanƙanta, yawansa sai raguwa yake yi. Shanun Kuri na Tafkin Chadi, masu kumburarrun ƙahoni da iya iyo, su ma suna narkewa cikin wasu iri. Jar akuyar Sakkwato da Maraɗi kuwa, fatarta ce aka riƙa ƙetara Sahara da ita, Turawa suna kiranta fatar Maroko. Maƙwabtanmu na Nijar sun san darajarta, shi ya sa suka kafa mata cibiya a Maraɗi tun 1963.

Iri ba ya ɓacewa rana ɗaya. Baƙon zakara ko bajimi guda ake saki cikin garke, a haifi ruwa-biyu, su ma a sāke haɗa su da baƙo, kafin haihuwa huɗu jinin asali ya shanye. Juriyar zafi da yunwa da cuta, wadda aka yi ɗaruruwan shekaru tana taruwa, ta tafi ke nan, ba kuwa kuɗin da zai fanso ta.

Turawan da muke kwaikwayo sun riga mu ɗanɗana wannan. Daga 1900 zuwa 1973 Birtaniya ta rasa irin dabbobin gida 26, har da wani alade mai nannaɗaɗɗen gashi na yankin Lincolnshire. A 1973 ɗin suka kafa ƙungiyar ceton irin da ya kusa ƙarewa. A Amurka ma, shahararriyar 'yar fim ɗin nan Isabella Rossellini ta kafa gona kusa da New York inda take kiwon kaji da tumaki na tsohon iri, tana amfani da sunanta wajen faɗakar da mutane. To, idan wasu sun tashi tsaye har a kan alade, mu me zai hana mu tsaya wa bunaji da gudali, da uda da balami da 'yankasa?

Shawarata ita ce, duk mai haɗa iri ya ware wani kashi na garkensa tsantsa. Cibiyar binciken dabbobi ta Shika da Jami'ar Fasaha ta Minna su haɗa kai da makiyaya, domin su ne suka san kowace saniya da uwarta da kakarta. Masu shirya finafinanmu kuma su shiga ruga da ƙauye su ɗauko hoton wannan dukiya tun da sauranta. Don tuwon gobe ake wanke tukunya. Allah ya ba mu ikon riƙe amana, amin.