Tsohon Littafi Daga Duniyar Da Babu Ita

Lokacin da nake sabon shiga harkar rubutu, na taɓa ɗaukar alƙalami da niyyar rubuta labarin wata ƙasa ta aljanu. Da na cika shafi arba'in sai na kai wa malamin da ya koyar da ni adabi, ina jiran yabo. Ya karanta, ya cire tabarau, ya ce, "Ɗana, a wannan ƙasa taka, idan yaro ya tambayi kakarsa inda rana take kwana, me za ta ce masa?" Na ce, "Allah ya gafarta Malam, ban yi wannan tunani ba." Sai ya miƙo mini wani littafin Turanci mai suna The Silmarillion, ya ce in karanta babin farko kawai.

Marubucin littafin shi ne J.R.R. Tolkien, Baturen Ingila, malami a Jami'ar Oxford, wanda aka haifa a 1892 ya mutu a 1973. Ɗansa Christopher ne ya tattara takardun da ya bari, ya fitar da littafin a 1977. Babin da Malam ya nuna mini sunansa Ainulindale, wato Waƙar Ainur, a wani harshe da Tolkien ya ƙago da kansa. A rubuce-rubucensa na hannu bai gabatar da babin a matsayin nasa ba. Ya jingina shi ga wani masani na cikin labarin mai suna Rumil, wanda aka ce shi ya fara ƙirƙiro haruffa a wannan duniya. Ke nan tsohon littafi ne na mutanen da ba su taɓa rayuwa ba, yana bayyana musu asalin samansu da ƙasarsu.

A taƙaice, babin ya ce wani mahalicci mai suna Eru ya samar da ruhohi da ake kira Ainur, ya ba su jigo su rera. Suna cikin rerawa sai mafi ƙarfinsu, Melkor, ya ga shi ma ya isa a ji nasa, ya cusa wata murya da ta rikita waƙar. Sau uku Eru yana kawo jigo, kuma na ukun ya riƙa ɗaukar hargowar Melkor yana saƙa ta cikin nasa tsari. Daga nan aka nuna musu cewa abin da suka rera shi ne tarihin duniyar da za a yi.

Haƙiƙa da na fara karantawa gabana ya faɗi, domin kuwa ban saba ganin ɗan Adam ya ƙaga labarin halitta ba. Na mayar wa Malam littafinsa na faɗa masa damuwata. Ya ce Tolkien Kirista ne ɗan Katolika, bai taɓa cewa an saukar masa da wani abu ba, kuma a laccar da ya yi a Jami'ar St Andrews a 1939 ya bayyana mai ƙaga labari a matsayin ƙaramin magini, mai aiki da kayan da ya tarar an riga an halitta. Ya ƙara da cewa babu wanda ya taɓa neman gidan Gizo da Ƙoƙi bayan an ce ƙurunƙus. Na ɗan natsu, amma ban ga amfanin babin ba, sai na manta da shi.

Shekarar da ƙanena ya rasu a hatsarin mota ce ta mayar da ni kansa. Haƙurin rashin na same shi a inda kowane Musulmi yake samunsa. Amma a waɗannan watanni da barci ya ƙaurace mini na karanta tarihin Tolkien, na ga cewa a 1916 yana cikin sojan da suka yi yaƙin Somme a Faransa, inda aminansa biyu na makaranta, Rob Gilson da G.B. Smith, suka mutu a shekarar. Bayan an gama yaƙin ne, yana aikin babban ƙamus na Oxford, ya rubuta wannan babi karon farko. Sai na gane ashe ba wasa yake yi ba. Mutum ne da ya rasa abokansa, yana tambayar yadda mugunta ta shigo duniya da kuma inda za ta ƙare.

Akwai wuri ɗaya da ya tsaya mini a rai. Melkor ya kawo matsanancin sanyi da zafi don ya lalata ruwa, wanda shi ne rabon wani ruhu mai suna Ulmo. Sai aka nuna wa Ulmo cewa daga sanyin nan dusar ƙanƙara ta fito, daga zafin kuma gizagizai da ruwan sama. Ni da na tashi inda zafin bazara ne yake share wa damina hanya, ban buƙaci wani ya fassara mini wannan ba.

A nan na fahimci tambayar Malam. Masu karanta The Lord of the Rings, wanda ya fito a 1954 da 1955, suna jin duniyarsa tana da zurfi ne saboda a ƙarƙashinta akwai wannan tsohon littafi, ko da yake a lokacin ba su taɓa ganinsa ba. Aljanuna ni kuwa suna tashi sama suna fasa duwatsu, amma ba su san daga ina suka fito ba, ba su kuma da abin da za su faɗa wa junansu ranar makoki. Hausawa sun ce icce ba ya tsayuwa sai da saiwa.

Na koma kan shafukana arba'in, na ajiye su gefe, na fara rubuta amsar da kakar nan za ta ba jikanta. Har yau ban gama ba. Malam kuwa ya rasu kafin in kai masa ko shafi ɗaya. Allah ya jiƙansa da ƙanena, ya sa mu cika da imani.