Duniyoyin da Na Ƙaga wa Auta

An ce kowa ya rubuta abin da ya koya a bana. Nawa darasin ta hanyar laifi ya zo mini, shi zan faɗa.

Da yaƙi ya iso Jazira a ƙarshen 2023, Baba ya sa mu a mota, ni da Inna da ƙanwata Auta, muka bar ƙauyenmu na kusa da Hasahisa muka tafi Gadarif wurin kawunmu. Shi ya tsaya gadin gida da hawasha, don alkama na ƙasa. A Fabrairun 2024 layin waya ya yanke, muka daina jin muryarsa. Auta tana da shekara shida a lokacin. Dare ya yi sai ta hau angarib ɗina ta ce, "Yaya, ina Baba yake yanzu?" Tatsuniyoyin Gizo duk sun ƙare mini. Wani dare sai na ƙaga nawa labarin.

Na ce mata da can babu sama babu ƙasa, ruwa ne kawai, tare a bayan wata madatsa irin ta Sinnar, sai dai ba ta da iyaka. Ruwan ya gaji da tsayuwa, ya yi ta tunkuɗa har ƙofar farko ta buɗe, babbar tur'a ta fita da gudu. Duk inda abu ishirin ya ɓalle daga jikinta, nan duniya guda ta tsiro da ranarta da watanta. Duk abu sitta kuma ƙauye ne a cikinta. Duniyoyin suna jere kamar hawashoshi, kunya ɗaya ce tsakaninsu. Taurari kuwa fitilun maƙwabta ne da muke hangowa ta saman kunyar.

Ba komai ya sa na yi wannan dogon gini ba sai don in iso ga magana ɗaya. Na ce akwai wata duniya can ƙasa da tamu, ruwanta ya makara, saboda haka yaƙi bai kai mata ba tukuna. A can Baba yana zaune a rakuba yana shan jabana, akuyarmu na ɗaure. Wallahi daren nan ta yi barci. Ni ma na yi.

Alhamdu lillahi, a 2025 muka dawo muka tarar da Baba da rai, ya rame, akuya kam babu ita. Ni na manta da labarin. Ashe Auta ba ta manta ba. Ta shiga halwa tana gaya wa yara cewa haka aka halicci duniya, yayanta mai karatun littattafai ne ya faɗa. Wata uwa ta kawo ƙara, Malam ya sa aka kira ni bayan la'asar. Cikina ya ɗuri ruwa, don na san hukuncin mai faɗin abin da bai sani ba game da halittar Allah.

Ya ce in maimaita labarin tun daga farko. Da na gama sai ya tambaye ni, "Wa ya gina madatsar?"

Na ce, "Allah gafarta Malam, ban yi tunanin wannan ba."

Ya ce, "To ka gani. Ta Sinnar ma da aka gama a 1925 mutane ne suka ɗauki duwatsunta. Kai ka sa ruwa ya buɗe wa kansa ƙofa."

Na ɗauka faɗa zai biyo baya, sai ya jawo littattafai. Ya nuna mini cewa yawan duniyoyi ba shi ne abin tsoro ba. Imamu Razi, wanda ya rasu a shekara ta 606 bayan hijira, da ya zo fassara kalmar "alamina" a tafsirinsa ya yi bayanin cewa Allah mai iko ne ya halicci dubban duniyoyi bayan wannan. Ƙarshen Suratu Ɗalaƙ ya ambaci sammai bakwai da kwatankwacinsu na ƙasa. Akwai ma maganar da aka jingina wa Ibnu Abbas cewa kowace ƙasa tana da nata Adamu, amma Baihaƙi ya ce ruwayar baƙuwa ce, Ibnu Kasir kuma ya sa ta cikin labaran Banu Isra'ila. Abin da ya ba ni mamaki, malaman ba su ɓoye ta ba. Sun rubuta ta, suka rubuta matsayinta a gefe. Na tuna kakarmu da labarinta na sa mai ɗauke da duniya a kan ƙaho, wai in ya sauya ƙaho sai ƙasa ta girgiza. Ita ma ba ta taɓa gaya mana daga ina ta samo shi ba.

Malam ya ce, "Ɗana, ba zan hana ka lallashin yarinya ba. Amma kakanninka in za su yi tatsuniya sai sun ce ga ta nan ga ta nanku, in sun gama su ce ƙurunƙus. Kai ka ba ta ba murfi ba gindi, da muryar mai karatu. Je ka gyara."

Gyaran ya fi kiran Malam wuya. Na zaunar da ita a bakin abu ishirin na bayan gidanmu, wanda ciyawa ta cinye rabinsa, na ce mata ni na ƙaga labarin, ba a littafi yake ba. Ta yi shiru, can ta ce, "To lokacin Baba ba ya shan jabana ke nan?" Na ce ban sani ba, ta tambaye shi. Kwana biyu ba ta yi mini magana ba.

Yanzu ita ke ba yaran unguwa labarin da dare, tana farawa da ga ta nan ga ta nanku. Ta ƙara wata duniya da ba ni na sa ba, wai a can akuyarmu ta haifi 'yan uku.