Ranar da Aka Hana Ni Jefa Fatsa a Lalomanu

Ni ɗan masunta ne, mai karatu. A Yawuri aka haife ni, bakin kogi, shi ya sa duk inda na ga ruwa sai hannuna ya kama ƙaiƙayi. Wata bita ce ta kai ni ƙasar Samowa, can tsakiyar tekun Fasifik. Ran hutu sai wani abokin aiki ya ɗauke ni zuwa ƙauyensu, Lalomanu, a kusurwar kudu maso gabashin tsibirin Upolu.

Ƙauyen siriri ne: teku a gaba, wani tudu a tsaye ƙiƙam a baya. Daga bakin yashi kana hangen tsibirin Nu'utele, inda aka taɓa killace kutare, jim kaɗan bayan Niyuzilan ta ƙwace ƙasar daga hannun Jamus a 1914. Yau kunkurun teku ke zuwa can su yi ƙwai.

Ruwan garau, ga kifi yana ta kai-kawo. Na ce a ara mini fatsa. Abokin nawa ya ce a'a, nan wurin haramtacce ne. Ƙauyuka 11 na gundumar Aleipata ne suka haɗa kai suka keɓe wasu sassan ruwansu, kuma dattawan dangi, waɗanda suke kira matai, su ke yanke tara a majalisar ƙauye. Tarar kan zama kuɗi, ko abinci, har da aladu.

Gaskiya na ji haushi. Teku guda, kifi ɗaya ne zai rage ta?

Kawunsa ne ya zaunar da ni. Ya ce da safiyar 29 ga Satumba, 2009, ƙasa ta girgiza, kafin a ankara igiyar ruwa ta hau ƙauyen. Fiye da mutum 140 suka rasu a Samowa, Lalomanu na cikin wuraren da abin ya fi muni, don tudun nan ba ya hawuwa da gudu. Da yawa sun koma sama da zama. Ruwan kuma ya farfasa murjanin da ƙananan kifaye ke fakewa a ciki. Ya ce tun kafin wannan ma su da kansu sun yi wa wurin illa, da nakiya da saiwar wata bishiya mai sa kifi maye.

Nan jikina ya yi sanyi. Magimfa ke nan! Ina yaro na sha riƙe ƙwarya ana zuba ta a ruwa, mu kwashe manya, mu bar ƙanana suna yawo ciki sama. Daga baya har maganin ƙwari aka koma zubawa. Kafin Baba ya rasu, sai ya kwana a jirgi ya dawo da abin da bai kai na miya ba, mu ce ruwa ne ya canza.

Ban faɗa wa tsohon wannan ba. Na dai naɗe wando na shiga ruwan hannu sake, wani ɗan kifi shuɗi ya zo yana tsintsinar gashin ƙafata.