Faifan Yaya Da Ƙungiyar Inna

Kun saba jina da labarin masoya, to yau na gidanmu na kawo muku.

Ina aji uku a firamare, wato a 2009, Yayanmu ya buɗe ɗan shagon gem a Mabera, nan cikin garin Sakkwato. Talabijin biyu ne da benci da PlayStation 2 guda biyu, baƙar na'urar nan da kamfanin Sony ya fitar a 2000. Da ɗan abin da samari ke biya su buga ƙwallo ya ɗauki nauyin karatuna har na gama sakandare. A 2019 Allah ya yi masa rasuwa a hatsarin mota. Aka rufe shago, aka sayar da talabijin, na'ura ɗaya da faya-fayensa kuwa aka zuba a buhu aka tura ƙarƙashin gado.

Bara muna kakkaɓar ɗaki Inna ta jawo buhun ta ce, "Ke ɗiyar ga, mi za a yi da tarkacen ga? In masu gwangwan sun zo ki ba su, ganinsu tada min hankali shikai." Wallahi sai na ji kamar yau aka yi rasuwar. Na ce, "Don Allah Inna ki ba ni sati guda."

Da daddare ni da Autanmu muka jona na'urar, muka sa faifai, ya yi ta juyi ya ƙi tashi. Muka sa wani, shi ma haka. Washegari na ɗauki buhun sai wurin wani mai gyara a kasuwa. Ashe yana cikin yaran da suka yi zaman bencin Yaya. Ya ce, "Ƙanwata, idon da ke karanta faifai ya raunana, ƙurar hunturu da zafin garin ga ba su bar shi ba, faifan kuma duk sun karce. Ga shi tun 2013 aka daina ƙera na'urar. Amma akwai dabara."

Dabarar ita ce a sa faifan a kwamfuta a kwashe shi kaf, ya koma fayil guda da ake kira ISO, tamkar a kwafe littafi shafi-shafi ba a bar ko wasali ba. Sai a zuba a filasha. A katin memori kuma a sa wata manhaja mai suna Free McBoot, ita ke buɗe wata, Open PS2 Loader, wadda ke tada wasa daga filasha ba tare da an nemi idon ba. Faifan DVD yana ɗaukar gigabait 4.7, tsarin FAT32 na filashar kuwa ba ya karɓar fayil da ya wuce gigabait 4, don haka manyan sai da ya rarraba su.

Cikin faifai 58, guda 37 suka kwafu, sauran sun riga sun mutu. Wanda ya fi damuna shi ne Pro Evolution Soccer 6 na kamfanin Konami, fitowar 2006, domin a ɗan memorin Yaya mai megabait 8 akwai ajiyar gasar da ya yi shekaru yana bugawa, kuma ba ta buɗuwa sai da irin wannan bugun faifan. Sau huɗu kwamfuta tana tsayawa a tsakiya, yana gogewa yana mayarwa, ni kuwa gabana sai faɗuwa yake. A na biyar ya kammala. Na miƙa kuɗi ya ce, "Haba ƙanwata, gem nawa na buga bashi wurin Yayanki?"

Bayan isha'i muka kunna a tsakar gida. Hoton farko ya riƙa sarƙewa, don ƙofar filashar na'urar tsohuwar yayi ce, ba ta da sauri, amma wasan ya tashi. Auta ya buɗe ajiyar, sai ya yi shiru, can ya ce, "Inna, kin san sunan da Yaya ya sa wa ƙungiyarsa? Ɗiyan Inna." Allah sarki! Inna ta matso da tabarmarta, ta ce, "Wanne na nashi?" Ta share hawaye da bakin zane, ta zauna har aka tashi wasan. Ba ta ƙara zancen masu gwangwan ba.

Yanzu kwafi biyu na yi, ɗaya a gidanmu ɗaya a gidan Antina, don gobarar babbar kasuwar Sakkwato ta Janairun 2021 ta koya mana ba a tara ajiya wuri guda. Littattafan da na rubuta da hannu ma duk na ɗauke su a hoto.

'Yar'uwa, ki leƙa ƙasan akwatinki. Faifan bikinki da kaset ɗin muryar mahaifinki ba ƙarfe ba ne, suna lalacewa kina barci. Ki kai a kwafe miki tun suna magana, don rigakafi ya fi magani.

Allah ya jiƙan Yaya da dukkan magabatanmu, amin. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba.